Walimar Gasa-da-Kanka

Da na dawo Dutse daga kwas ɗin wata shida a ƙasar Cek, kowa baƙauye nake ganinsa. Sai na shirya walima a bayan gidana irin ta can: wuta a tsakiya, kowa ya gasa namansa, ana hira. Giyarsu kuwa, da yake a shekarar aka fara shari'a a nan, zoɓo ya tsaya mata.

Har surukina na gayyato daga Aujara, dattijon da bai taɓa ko shan ruwa a gabana ba. Ya zo cikin babbar riga, da aminansa uku. Na miƙa masa tsinke da ɗanyen nama, ina murmushi.

"Baba, a can haka ake yi, kowa da kansa."

Ya dubi naman, ya dubi wutar, ni bai dube ni ba. Ya ce wa na kusa da shi, "Alhaji, ashe aikin tsire aka kira mu."

Washegari ya aiko wa 'yarsa tukunya, wai ko rashin tukunya ne ya jawo.

Har yau in na je gaisuwa Aujara, surukata kan ce, "A kawo masa dafaffe, ko zai gasa da kansa?"