Wawus Samaniya a Bakin Faranti

Wani ne a cikinmu, mu malaman nahawun Larabci na birnin Tashkand, Allah ya jarrabe shi da sanin wani harafin haɗi da ake kira wawus samaniya. Tun yana saurayi yake jiran wanda zai tambaye shi, har gemu ya yi fari. Ɗalibai in ya ɗauko zancen sai fitsari ya kama su gaba ɗaya. Matarsa kuwa injin ɗinki take kunnawa.

Rannan aka gayyace shi shinkafar safe ta biki. Mutumin naka ya ƙi cin komai tun jiya, wai yana yi wa nama wuri. Ka dai san tsarin: mutum biyu faranti ɗaya, da an shafa fatiha kowa ya tashi, wasu su zauna.

Aka haɗa shi da wani direba, Ergash, ƙato mai hannu kamar shebur. Faranti ya sauka, naman rago tsibi guda a kai. Malam ya naɗe hannun riga ke nan, sai Ergash ya ce, "Allah gafarta Malam, wai mene ne wawus samaniya ɗin nan? Abin ya daɗe yana hana ni barci."

Wayyo! Malam har da ƙwalla.

"Ɗana, wa ya turo ka? Matso kusa!"

Ergash ya matso, ya jawo farantin ma ya matso. Malam ya shiga bayani, yana zana harafi a iska da hannun da ya kamata ya ci abinci da shi.

Can ya hango tsoka ɗaya ta rage. Ya kai hannu.

"To amma Malam, duk malamai sun yarda da shi kuwa?"

"Ina fa! Ai nan rigimar take!"

Ya janye hannu ya fara jero masu musu ɗaya bayan ɗaya. Tsoka ta tafi, shinkafa ta bi ta, har karas ɗin da ke cikinta bai tsira ba.

Sai ji ya yi an ce, "Amin!" Jama'a suka miƙe. Ya duba faranti, fes, har fuskarsa yake gani a ciki.

A bakin ƙofa ya kamo rigar Ergash.

"Ɗana, ka dai gane ko?"

Ergash ya yi gyatsa, ya sakace haƙori.

"Wallahi Malam, da saura. Amma jibi akwai bikin ɗan maƙwabcina Tursun, sai mu sake zama tare ka maimaita mini."