Yadda Za Ka Yi Abota da Mutumin da Ka Manta Sunansa

Ɗan'uwa, in ka bi matakan nan yadda na tsara su, na yi maka alkawari za ka zauna da mutum shekara da shekaru, ya shiga gidanka ka shiga nasa, ba tare da ya taɓa gane cewa ba ka san sunansa ba. Littattafan ladabi sun cika kasuwa, suna koya maka riƙe cokali da yadda ake tari a gaban manya, amma duk sun tsallake wannan masifa. Ni ban tsallake ta ba, don na ga mazaje masu gemu suna tsallaka titi a guje saboda ita.

Mataki na 1: Kada ka gudu

A shagon aski abin zai same ka. An ɗaura maka ƙyalle a wuya, an kwashe rabin kanka, sai ga wani ya shigo yana kaɗa makullin mota a yatsa. Ya hango ka a madubi, ya washe baki, ya buɗe hannuwa.

"Kai! Ashe kana duniya?"

Fuskar dai ka san ta sarai, sunan ne ya tafi yawo. Da rabin kai ba a gudu, saboda haka ka miƙe da ƙyallenka, ka fi shi ɗaga murya:

"Mutumina!"

Riƙe kalmar nan da kyau. Tana shiga kowane wuya, na babba da na yaro, na aboki da na wanda kuka taɓa bin layi tare. Iyakar ƙarfin da ka faɗe ta da shi, iyakar yadda za a ɗauka kun shaƙu.

Mataki na 2: Tambayi abin da kowa yake da shi

Ya gida, ya aiki, ya fama da jama'a. Sannan ka rage murya ka ce, "Ya ƙafar tsohuwa?" Kowa yana da tsohuwa, kuma kowace tsohuwa tana da ƙafa. Kada ka kuskura ka ce ya madam, don ba ka san inda aka kwana ba.

Shi ma zai tambaye ka, "Har yanzu kana can?" Ka ce kana can. Ba ruwanka da sanin ina ne can ɗin.

Mataki na 3: Miƙa masa waya

Ka ɓata fuska ka ce wayarka ta faɗa ruwa, lambobi duk sun tafi, ya sa maka tasa. Mai hankali zai rubuta har da suna, ka huta. Sai dai yana gama danna lambar, wayar za ta nuna cewa tana ciki tun tuni, an ajiye ta da "Mutumina na Biyu". Ashe kun taɓa yin haka.

Zai ɗago kai ya ce, "Na biyu? Wane ne na ɗaya?"

Kada ka yi in-ina. Ka ce, "Mahaifina."

Zai dafa kafaɗarka, ya ce shi zai kai ka gida in an gama askin. Daga ranar ya san ƙofar gidanka.

Mataki na 4: Kada ka dogara da kowa

Washegari ka koma wajen mai aski, kamar ka manta hula, ka tambaye shi wane ne mutumin jiya. Zai dube ka da mamaki ya ce, "Ah, ba mutuminka ba ne?"

Matarka ma ba za ta fisshe ka ba. Ita tuni ta raɗa masa Mai Farar Mota, ta kuma ware masa kofinsa. In ka lallaɓa ka ce, "Wai ni kam, da wane suna yake amsawa a wajenku?" za ta ajiye tsintsiya ta ce, "Abokinka ne ko nawa?"

Ka sani tambayar suna tana da lokacinta. Ranar farko mantuwa ce, ana dariya a wuce. Bayan mutum ya ci abinci a gidanka, ya gyara maka famfon bayan gida da hannunsa, ya san kujerar da ƙafarta ke rawa yana kauce mata, tambayar ta zama zagi. Lokacinka ya wuce, sai ka yi ta maza.

Mataki na 5: Haɗa shi da wani, ka koma gefe

In yayan matarka ya zo ya tarar da shi a falo, dama ta samu. Ka ce, "Ku gaisa mana," sai tari ya sarƙe ka. Ka yi tarin a hankali, kunnenka a buɗe. Mutanen kirki sukan faɗi sunansu a nan.

Yayan matarka zai miƙa hannu ya ce, "Ni ne yayanta."

Shi kuma ya ce, "Ni ne mutuminsa."

Ka sha ruwa, tarin ya tafi a banza.

Mataki na 6: Kiyayi bakinka ranar murna

Wannan matakin ya fi duk sauran, kuma na san ba za ka bi shi ba.

Ranar da naƙuda za ta kama matarka da tsakar rana, ana sheƙa ruwan sama, babur ɗinka zai ƙi tashi. Za ka danna Mutumina na Biyu. Kafin ka gama neman takalmi farar mota tana ƙofar gida. Shi zai bi ta cikin ruwa har asibiti, shi zai yi ta safa da marwa tsakanin kantin magani da ɗakin haihuwa rigarsa sharkaf, kai kana zaune kan benci. Da an ce ana bukatar jini, kafin ka gane me ake faɗa ya naɗe hannun riga.

Can ma'aikaciyar jinya za ta leƙo ta ce namiji ne, uwar ma lafiya lau. Za ka yi kuka, ba laifi, ni ma da zan yi. Ka rungume shi, ka ce Allah ya saka, ka ce ba ka da bakin godiya. Ka tsaya a nan.

Ba za ka tsaya ba. A gaban surukarka da yayan matarka da masu jinya, bakinka zai ce, "Wallahi sunanka zan sa masa!"

Zai rufe fuska da hannu biyu yana hawaye. Surukarka za ta ce ya cancanta. Kai kuwa a lokacin za ka ji abin da ka faɗa.

Mataki na 7: Ja lokaci

Yanzu ɗanka ne ba shi da suna. Matarka za ta ce, "To me za mu riƙa kiransa?" Ka ce takwaran mutumina. Surukarka za ta ce, "Takwaran ba shi da suna ne?" Ka ce kunyar kiransa kake yi, mutum ne mai girma a wajenka. Za ta yaba da tarbiyyarka, ka sami ɗan sarari.

In kun fita sayen kayan jariri, ka tsaya a bayansa ka riƙa kiran sunaye ɗaya bayan ɗaya kamar kana neman wani. Rabin kasuwa za su waiwayo, har wani ya zo ya ce ga shi. Mutuminka yana can yana taya safar jarirai.

Mataki na 8: Dabarar ƙarshe

Ranar yi wa yaro rajistar haihuwa, tun kafin ranar suna, shi zai kai ku, don ba zai yarda takwaransa ya hau babur ba. Matarka tana zaune kan benci da jariri, ku biyu kuna tsaye a taga. Ma'aikaciyar ko ɗago kai ba za ta yi ba.

"Sunan yaro?"

Gumi zai keto maka har cikin takalmi. Ka yi murmushi, ka ja da baya taku ɗaya, ka nuna shi da hannu biyu.

"Takwaransa ne. Mutumina, faɗa mata yadda ake rubutawa, kada ta yi kuskure."

Babu dabarar da ta kai wannan, ni na ƙirƙiro ta. Zai gyara tsayuwa, ya sunkuya wajen tagar, ya buɗe baki. A daidai nan ɗanka zai tsala ihun da bai taɓa yin irinsa ba, matarka ta ce, "Karɓe shi mana, hannuna ya gaji!" Kana jijjiga yaro kana kallon leɓɓan mutumin suna motsi, ba ka ji ko harafi ɗaya ba. Kada ka damu, an dai rubuta, za ka karanta a takarda kamar kowa.

Yaron zai yi shiru. Sai ka ji ma'aikaciyar ta ce wa mutuminka, tunda shi ne a gabanta:

"Sunan uban fa?"

Zai tsaya. Zai dubi silin, ya dubi makullin motarsa, ya yi ɗan tari. Za ka ga gumi yana gangarowa ta bayan kunnensa. Sannan ya juyo, ya ja da baya taku ɗaya, ya nuna ka da hannu biyu.

"Mutumina! Zo ka faɗa mata yadda ake rubutawa, kada ta yi kuskure."

Ka miƙa wa matarka yaron, ka je ka faɗa da ƙarfi yadda zai ji. Kada ku haɗa ido. A mota kowa ya karɓi takardar ya ce bari ya duba ko an yi kuskure, ya daɗe yana dubawa. Matarka tana baya tana dariyar da har yau ba ta gama ba.

Gargaɗi

Mai wannan rubutu ba shi da hannu a duk abin da ya biyo baya. In sunan da ka gani a takarda bai yi maka ba, bakinka ne ya jawo, na gaya maka a mataki na shida. In yaro ya girma unguwa ta ƙi kiransa da komai sai Mutumina, kada a kawo min ƙara. Wanda kuma ya ga mutuminsa yana bin matakan nan daki-daki, ya sani ba shi kaɗai na sayar wa dabarar ba. In mun haɗu a hanya ka gaishe ni, zan rungume ka in tambayi ƙafar tsohuwa.