Rasuwar Gerda, Kwamfutar Bakin Taga

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma zargin da ya ƙi kwanciya, ana sanar da rasuwar Gerda, kwamfutar tafi-da-gidanka ta Henrike Stahnke, mazauniyar hawa na uku a wani dogon bene da ke arewacin birnin Rostok na ƙasar Jamus. Ta rasu ranar Lahadi da la'asar, tana da shekara goma sha ɗaya, a gaban shaidu arba'in da uku.

Mai gyara ya tabbatar da rasuwar ranar Alhamis, aka dawo da gawar gida a bas. Abin da Henrike ta riƙo a jakarta: marigayiya a naɗe cikin tawul, caja, kilo biyu na shinkafar da aka binne ta a ciki kwana uku ko za ta tsotse ruwan, da takardar mai gyara mai layi ɗaya. A aljihunta akwai waya. A cikin wayar akwai guntun bidiyo na minti biyu, wanda har bas ɗin ya tashi ba ta buɗe ba.

Marigayiya ba mai ƙarfi ba ce, ba ta kuma taɓa nuna tana da shi ba. Don rubuta wasiƙa da duba jadawalin aiki aka saye ta. Haruffa biyu sun goge a maɓallanta, salatif ne ke riƙe da kusurwarta ta hagu. Wasan da Henrike take yi, na tuƙa tirela daga gari zuwa gari, ya fi ƙarfin irinta nesa ba kusa ba. Amma ba a cikinta wasan yake gudana ba. Yana can cikin manyan kwamfutocin wani kamfani, a garin da Henrike ba ta taɓa takawa ba. Ana biyansu wata-wata, su yi aikin, su turo hoto ta intanet. Aikin Gerda shi ne ta karɓi hoton, ta mayar musu da juyin sitiyari, ta kuma haska komai kai tsaye ga masu kallo, da fuskar Henrike a gefen allo. Shekara uku tana wannan, kowace Lahadi daga ƙarfe uku zuwa shida, ba fashi.

Za a tuna ta da muryarta. In an kunna ta sai ta ce ƙyas, ta yi shiru kamar mai shawarar ko ta tashi ko ta bari. Can sai fankarta ta ɗauka, fuuu. In tirela ta kama hawan tudu fankar takan ƙara murya, ko da yake ba ita ke jan kayan ba. Masu kallo sukan rubuto, “Gerda na nishi, direba a sassauta.”

Henrike ta yi shekara talatin da ɗaya tana tuƙa bas ɗin cikin gari kafin ciwon gwiwa ya sauke ta. Shekarar farko a gida ta ƙare ne tana kallon bango. Gerda ce ta mayar da ita kan titi. A wasan ma ba ta wuce gudun doka, tana kunna sigina ko babu kowa a bayanta, kuma ƙarfe huɗu daidai takan faka a gefen hanya ta ɗauki hutun direba na minti goma sha biyar. Takan sunkuyar da murfin Gerda yadda kyamara ba za ta ga komai ba sai saman tebur, ta fita ta hau matakala ta sauko, kamar yadda likita ya ce. Masu kallonta, waɗanda yawancinsu tsofaffin direbobi ne, su ma sukan tashi su ɗora ruwan zafi.

Marigayiya ba ta yi jinya ba. Wannan shi ne abin da ya hana iyalanta sakewa.

Teburinta yana manne da tagar falo, don nan ne kawai intanet ke tsayawa da ƙafarsa a gidan, kuma a irin wannan wasa in intanet ya yi tuntuɓe sau ɗaya tirela ta faɗa rami. Kowa a gidan ya san da haka. Kowa kuma ya san dokar taga. Mijin Henrike, Ortwin, tsohon ma'aikacin safiyo, shi ke buɗe tagogi hanhai na minti goma don iska ta shiga kada bango ya yi fumfuna: takwas na safe, sha biyu na rana, takwas na dare. Yana da na'urar auna danshi, yana rubuta abin da ta nuna a tasa kwamfutar. A shekara talatin da shida na aurensu bai taɓa buɗe taga ƙarfe huɗu ba.

Ranar Lahadin, Henrike ta dawo daga matakala ta tarar da taga a wangale, iskar teku tana watso ruwan sama a kaikaice, teburin ya zama tafki. Gerda ta yi ƙir-ƙir sau biyu, allonta ya yi fari, ya yi baƙi. Fankarta ba ta ƙara cewa komai ba.

Mutum biyu ne a gidan ban da ita: Ortwin, da yayarsa Waltraud, wadda ke zuwa duk Lahadi shan gahawa da kek ɗin tuffa da Ortwin yake gasawa.

“Wa ya buɗe tagar nan?” in ji Henrike.

“Ni ina kicin,” in ji Ortwin. “Tambayi tukunyar gahawa.”

“Yaya Waltraud?”

“Ni? Da wannan kafaɗar? Kwalbar zuma ma sai an buɗe mini. Amma gaskiya falon ya yi wari, Henrike. Mutum ya zauna awa uku yana magana da bango, dole iska ta lalace.”

“Ba bango ba ne. Mutum arba'in ne.”

“To su zo su sha gahawa mu gansu.”

Shaidun ma ba su sauƙaƙa ba. Saƙonnin da suka biyo ta a waya sun yarda a kan abu guda: hannun riga mai ruwan toka ya gifta ta gaban kyamara. Sai dai Waltraud ta saƙa wa kowa a dangi suwaita iri ɗaya, mai ruwan toka, kuma ranar duk su ukun ita suka saka. Wani mai kallo har ya ce ko direbar ce da kanta ta buɗe kafin ta fita ta manta. Henrike ta toshe shi. Daga baya ta tsaya tana tunanin maganar tasa, abin bai yi mata daɗi ba.

Wani tsohon kukun jirgin ruwa da ke kiran kansa Matjes, wanda bai taɓa fashin kallo ba, shi ya yanko wurin daga hoton da aka haska ya turo mata. Ya rubuta a ƙasa, “Direba, ki zauna kafin ki kalla. Ni ban ce komai ba.”

Kwana huɗu ta bar shi a rufe. Tana ganin muddin Gerda za ta tashi, ba sai an san mai hannun ba. Ortwin kuwa a kwanakin nan ya yi ta kirki fiye da ƙima. Shi ya sayo shinkafar. Shi ya riƙa juya marigayiya a cikinta safe da yamma. Ranar Talata ya ce, wai cikin hira, akwai wani wurin shan gahawa a bakin ruwa da ke buɗewa kullum, har da ran Lahadi ƙarfe uku. Henrike ta dube shi, ya koma duba na'urar danshinsa.

A bas, da gawa a cinyarta, ta buɗe bidiyon. Ga tebur, ga sitiyarin roba, ga farantin kek da aka ajiye mata tun ƙarfe uku ba ta taɓa ba. Hannun riga ya gifta. Haske ya ƙaru, takarda ta tashi sama, ɗigon ruwa ya fara sauka a kan katako. Hannun ya tafi. Bayan daƙiƙa ashirin ya dawo, da zoben aure a yatsansa na dama. Waltraud ba ta taɓa aure ba. Hannun ya ɗauke farantin kek daga inda ruwa ke zuba, ya goge gefensa da babban yatsa, ya fita da shi. Gerda tana nan inda take.

Henrike ta wuce tasharta da biyu. A hanyar da ta yi shekaru tana tuƙawa, wannan bai taɓa faruwa da ita ba.

Ta ajiye wayar a gabansa a teburin kicin. Ya kalla har ƙarshe.

“Danshi ya kai saba'in da ɗaya cikin ɗari,” in ji shi.

“Ortwin.”

“Ban zaci ruwan zai kai can ba.”

“Ka ceci kek.”

Ya cire tabarau ya goge, ya mayar. “Shekara talatin da ɗaya ina yanka kek ɗin Lahadi ni da Waltraud, ke kina kan hanya. Na ce in kin yi ritaya za mu zauna. Kin sauka daga mota, kin hau wata. Wannan ma ko tasha ba ta da shi balle in je in jira ki.”

“Da sai ka buɗe baki. Taga ka buɗe.”

Ta ɗauke wayarta daga teburin. Ba ta jira amsarsa ba.

Marigayiya ta bar caja ɗaya mai lanƙwasasshen kai, sitiyarin roba, abin magana da aka ɗaure da zare, da masu kallo arba'in da biyu, ban da wanda aka toshe. Ta kuma bar tirela ɗauke da katako, a fake a gefen hanya tun ƙarfe huɗun Lahadi, can a kwamfutocin kamfanin, ko ƙwarzane babu. Wanda ya buɗe tagar bai san wannan ba. Ya ɗauka in Gerda ta tafi, hanyar ma ta tafi da ita.

Za a yi jana'iza ranar Asabar ƙarfe tara na safe, a filin karɓar tsofaffin kayan lantarki na unguwa, kwandon ƙarfe na biyu daga ƙofa. Ortwin ne zai ɗauki gawar, a ƙafa, ko ana ruwa ko ba a yi. Ba a buƙatar furanni. Ba a karɓar kek. An yafe wa Waltraud halarta, saboda kafaɗa. Za a karɓi gaisuwa kai tsaye ranar Lahadi daga ƙarfe uku, a inda aka saba. An karɓi kwamfutar Ortwin a matsayin diyya, an ja doguwar waya daga akwatin intanet zuwa ƙaramin ɗakin ajiya, wanda ba shi da taga.

Da yammacin Alhamis ɗin Henrike ta gama shigar da tebur da kujera ɗakin. Ortwin yana tsaye a baranda, riƙe da sitiyarin robar da ta ce ya miƙo. Ta karɓa.

“Asabar taka ce,” in ji ta. “In mun dawo daga binnewa, ka kai ni wurin gahawar nan na bakin ruwa, da duk Asabar bayanta. Lahadi kuwa, daga uku zuwa shida, ina kan hanya. Ko gini na ci da wuta, ka ƙwanƙwasa ka jira.”

Ta rufe ƙofar, ta murza makulli.