Rasuwar Madam Idella a Ɗakin Ƙarƙashin Ƙasa

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kai a sunkuye don kunya, ni Alton Tillery, makaɗin jaz mazaunin titin Diamond a arewacin birnin Filadelfiya na Amurka, nake sanar da 'yan uwa da abokan arziki, da duk wanda ya taɓa kaɗa kai a gabanta, rasuwar ogan ɗina, wato babban abin kiɗan nan mai madannai irin na coci, Madam Idella. Rai ya yi halinsa ranar Talatar makon jiya, da misalin ƙarfe goma sha ɗaya na safe, a ɗakin ƙarƙashin ƙasa na gidana. Ta rasu tana da shekara hamsin da shida, bayan doguwar jinya wadda ba ta samu mai jinya ba.

A irin wannan sanarwa akan ce kwana ne ya ƙare. Ba zan rubuta haka ba, domin na san yadda aka yi.

Marigayiyar ta fara rayuwarta a coci. Matan wata ƙaramar majami'ar Baptis da ke bayan layinmu ne suka yi ta soya kifi da kaza suna sayarwa har suka tara kuɗi suka sayo ta a shekarar 1957, kuma Inna Idella Spruill ce ke kaɗa ta kowace Lahadi. Inna Idella ce ta koya mini piyano bayan iyayena sun taho da mu daga Carolina ta Kudu. Ita ta koya mini cewa hannun hagu ba ɗan rakiya ba ne, kuma da rular katako ta koya mini.

A 1964 ina da shekara ashirin da bakwai, ina kaɗa piyano a mashaya iri-iri. Yawancin piyanon can rabin madannansu sun mutu, sauran kuma hayaniya ta danne su, sai ka yi ta zufa babu mai jin ka. Aiki duk ya koma hannun masu ogan. A shekarar ne aka ce za a rushe cocin don a fitar da titi, matan kuma suka ce ogan ta Inna Idella ce, ta yi yadda take so da ita. Sai ta aiko a kira ni.

"Zauna, Alton. Ka ga yatsun nan? Ko maɓallin riga ba sa iya sawa yanzu. Nemo mota ka zo ka ɗauke ta."

Na ce, "Inna, kin kuwa san inda nake kiɗa?"

"Duk unguwar nan wa bai sani ba? Kowace Laraba uwarka sai ta sa an yi maka addu'a, da sunanka ƙarara. Kai ta can ɗin. Mashaya ma suna da kunne, kuma sun fi mu bukata. Abu biyu kawai na ce maka. Ka ɗiga mata mai sau ɗaya a shekara, kada kuma ka bar ta inda danshi yake. Ka ji, ko ba ka ji ba?"

"Na ji, Inna."

Ina so masu karatu su shaida cewa da bakina na ce na ji. Da Inna ta rasu bayan shekara biyu, na sa wa ogan sunanta.

Madam Idella mai nauyin jiki ce, ta fi ƙarti biyu in an haɗa su, amma ban taɓa ganin mai sauƙin hali kamarta ba. Ba a tashinta da gaggawa. Sai ka danna makunni na farko ka riƙe, ta ce "wiiiii" kamar mai miƙa, sannan ka danna na biyu, ta yi ɗan tari, "tik", daga nan sai wani guntun nishi, "hmmmm", wanda ba ka jinsa da kunne sai ta tafin ƙafa. In ta yi wannan nishin, to ta shirya. Tana iya raɗa har sai mai ɗauke da tire ta tsaya cak a tsakiyar ɗaki. Tana kuma iya ruri, "waaa-waaa-waaa", har kofuna su riƙa tafiya da kansu a kan tebur. Ni da safa nake taka sandunanta na ƙasa, domin ba na son takalmi ya taɓa ta.

An zuba mata giya ba sau ɗaya ba. An ɗora mata taba mai wuta har ta bar tabo bakwai a kafaɗarta ta dama. A Pittsburgh an yi faɗa, wani ya jefi wani da kujera ta same ta, ba ta ko canja murya ba. Cocin da ta fito bai taɓa fita daga bakinta ba. Ko wace irin waƙar sharholiya na ɗora mata, sai ta karkata da ita wajen addu'a, har wata mata a Newark ta taɓa tashi daga teburinta tana hawaye, ta ce mini rabonta da tuna mahaifiyarta shekara goma.

Mu uku muka yi yawo da ita: ni, da Hosea Quarles mai gita, Allah ya ji ƙansa, da Wendell Cobbins mai ganguna, abokina tun muna samari. Babu motar da take ɗaukarta sai motar ɗaukar gawa, don haka muka samo tsohuwa guda, baƙa wuluk. In mun shiga gari sai ka ga dattawa suna cire hula a bakin titi, Wendell kuma ya leƙo ta taga ya ce, "Ku mai da hulunanku, iyayena, tana nan da ranta! Ku zo ku ji ta da kanku!" Haka muka zaga Cleveland da Buffalo da Baltimore, bazara kuma mu yi ta a Atlantic City. Shekara talatin da ɗaya. Mun yi faifai goma sha ɗaya, sunana ne a jikin kowanne da manyan baƙaƙe, nata babu ko ɗaya. Ita ta ciyar da 'ya'yana uku, ita ta sa rufin da nake kwana a ƙarƙashinsa.

Daga baya zamani ya juya. Aka fito da wasu 'yan kayan kiɗa na roba da mutum zai saƙala a hammata ya hau bas. Kulob-kulob ɗin da suka san mu suka rufe ɗaya bayan ɗaya. Hosea ya rasu. Na koma wa piyano, ina kaɗawa a zauren otal, ina koyar da ɗalibai, in an gayyace ni bikin jaz a Turai ko Japan sai a ba ni aron wata ogan a can. Madam Idella ta zauna a falo, ina kunna ta ranar Lahadi bayan coci, matata Ernestine tana dafa abinci tana bin waƙa daga kicin.

Shekara goma sha ɗaya da suka wuce Ernestine ta kwanta ciwo, ba ta iya hawa bene. Aka kawo gadon asibiti, babu inda zai shiga sai falo. Na kira masu ɗaukar kaya suka sauke Madam ƙasa. Na dafa ta na ce mako biyu ne kawai.

Ernestine ta rasu bayan wata biyar. Aka zo aka ɗauke gadon. Falo ya zauna wayam, ni kuma ban sa an hawo da Madam ba. Da farko na ce zuciyata ba za ta iya jin muryar ba, kuma gaskiya ne, na shekara ɗaya ko biyu. Ba zan fake da matata ba a kan sauran shekarun. Lalaci ne, sannan kunya ta hau kan lalacin. 'Yar kwalbar man tana kan firij, kullum ina ganinta. Shekara uku da suka wuce aka yi ruwan kwana biyu, na buɗe ƙofar ɗakin ƙasa, na ga ruwa ya shanye matakala biyu yana sheƙi. Na tsaya ina kallo. Sai na ja ƙofar na rufe, na je na dafa kofi.

Wendell yanzu yana gidan kula da tsofaffi a unguwar Germantown. Ciwon suga ya tafi da idanunsa, bayansa kuma ya sa shi a keke. Kowace Alhamis da rana nakan je, kuma kafin in zauna zai ce, "Tsoho, yaya Madam?" Ni kuma in ce, "Lafiyarta lau, jiya ma na ɗan taɓa ta." Wata rana har na ƙara da cewa tana gaishe shi.

Watan jiya jikarsa Renita, wadda ke aikin jinya, ta tare ni a bakin ƙofa. Ta ce, "Kawu Alton, Kaka zai cika tamanin. Na tambaye shi me yake so, ya ce ba ya son kek, ba ya son riga, Madam yake so ya ji ko sau ɗaya. Na yi magana da masu gidan, sun ba mu zauren. Zan samo mota. Za a iya?"

Na ce, "Me zai hana, 'yata?"

Sai da na yi mako uku ina jan ƙafa kafin na kira Stosh Wojcik, mai gyaran ogan da ya rage a garin nan. Ranar Talata muka sauka tare. Warin fumfuna ya tare mu tun daga matakala. Ƙafafunta sun kumbura sun tsage. Stosh ya buɗe bayanta ya haska. Ɓeraye sun yi sheƙa a ciki, tsatsa ta cinye duk inda ya kamata ya juya. Ya ce kada in kunna. Na kunna. Ta ce "wii", gajere, sannan "grrr", sannan "kak". Wani siririn hayaƙi ya taso. Shi ke nan abin da ta faɗa.

Stosh ya goge hannu ya ce, "Malam Tillery, yaushe rabonta da mai?"

Ya rufe bayanta, ya ƙara da cewa:

"Irin waɗannan ba sa mutuwa da kansu, ka sani. Na ga wadda gobara ta ci ta tashi. Wannan kam ba ni da abin yi mata."

Marigayiyar ta rasu ta bar babbar lasifikarta, abokiyar zamanta, wadda ke tsaye a gefenta ba ta da mai yi mata magana. Ta bar bencinta, da takardun waƙoƙi a cikinsa da alewar na'ana'a guda huɗu ta Ernestine. Ta bar faifai goma sha ɗaya, da 'ya'ya uku da jikoki takwas da suka ci albarkacinta, da Wendell Cobbins.

Ranar Alhamis na je wurinsa. Yana zaune a bakin taga, rana tana dukan gwiwoyinsa, yatsunsa suna ɗan kaɗa hannun keken.

"Tsoho, yaya Madam?"

Na ce, "Wendell, ta mutu. Shekara goma sha ɗaya tana ƙasa cikin danshi. Duk abin da nake gaya maka ƙarya ne."

Yatsun suka tsaya. Can ya ce, "Ai na sani."

"Ka sani?"

"Makaho na zama, ba wawa ba. Duk ranar da ka kaɗa ta, sai ka wuni kana gunaguni a maƙogwaro kamar tsohon kare. Yaushe rabon da in ji wannan gunagunin? Ina tambayarka ne ko kunya za ta kora ka ƙasa ka duba ta. Na sa Renita ta matsa maka, na ce ko don ni zai sauka. Ashe na makara."

Na ce ya yafe mini. Ya ce ba shi na yi wa laifi ba, in je in nemi gafara wurin mai sunan. Sannan ya juyo da fuskarsa daidai inda nake, kamar yana gani.

"Amma tunda yau ranar faɗin gaskiya ce, bari in gaya maka tawa. Shekara talatin da ɗaya ni da Hosea muke ɗaukarta. Benen Newark, benen Buffalo mai lanƙwasa biyu, kullum ni ne a ƙasa, duk nauyin a ƙirjina. Kai kana ina? Kana riƙe ƙofa. 'Ku yi a hankali, yatsuna, yatsuna.' Mu namu yatsun a bola muka tsinto su? Ko sau ɗaya ba ka taɓa jin nauyinta ba, Alton. Shi ya sa ka iya mantawa da ita."

Ya yi dariya bayan ya faɗa, ya lalubo hannuna ya riƙe. Ni ban iya dariyar ba.

Za a yi jana'izar Madam Idella ranar Asabar mai zuwa da ƙarfe goma na safe, a gidana da ke titin Diamond. Stosh zai cire abin da ya rage mai amfani a cikinta don wasu su rayu da shi, sauran kuma a raka ta. 'Yata Loretta za ta soya kifi, akwai dafaffen ganye da burodin masara ga duk wanda ya zo. Kada a kawo furanni. Kada kuma kowa ya ce mini in yi haƙuri, haka Allah ya so. Bikin Wendell yana nan ranar Lahadi da ƙarfe uku, zan kaɗa masa piyanon gidan tsofaffin, in ya yarda ya saurara.

Ana neman maza biyar masu lafiyar baya da za a hawo da ita tare, domin matakala goma sha uku ce kuma tana da kwana. Renita za ta kawo Wendell ya zauna a sama ya ba da umarni, ya ce har yanzu ya san inda ake karkata ta. Da Loretta ta ji ni ma zan sa hannu, ta ce shekaruna saba'in da shida, ta kira likitana, ta kira fasto, ta yi kuka. Na saurare su duka. Wanda ya riga ni zuwa ya kama gefen da yake so, amma a bar mini ƙasa.

Allah ya ji ƙanta.

Alton Tillery
A madadin iyali