Rasuwar Kwamfutar da Ta San Hanyar Kerala

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, wadda ta rasa inda za ta sauke shi, ni Sa'id Sodangi nake sanar da rasuwar kwamfutata, ranar Talata bayan azahar, a ƙauyenmu kusa da Kamlin.

Marigayiya ta shigo gidanmu a 2007. Yayana Abdulmuttalib ya sayo ta a Jidda, hannun wani tela mutumin Kerala ta Indiya, wanda ya manta bai goge sunansa daga zauren hirarsu na intanet ba. Da na haɗa ta da layi, sai ta kai ni can kai tsaye, a matsayinsa. Zauren masu zanen barkwanci ne, irin na manya da ba a buɗewa gaban yara, cike da rubutun Malayalam mai lanƙwashe-lanƙwashe. Ko harafi ɗaya ban taɓa karantawa ba. Amma na san mai gashin bakin nan na cikin zane da matarsa ke kora da tsintsiya, na san wanda ke saka sabon zane kowace Alhamis. Nakan amsa da 'yar fuskar dariya, su ma su amsa mini. Shekara shida suna zaton telan ne ya koma miskili.

Sa'o'ina duk sun tafi Saudiyya, ni aka bari da hawashar Baba, wato gonarsa ta auduga, da jiran ruwa. Marigayiya ce kaɗai ƙofar da nake fita. Mai haƙuri ce da ɗaukewar wuta. In ta farka ta ce "tiit", in tana tunani ta ce "gurrr", ba ta taɓa tona mini asiri ba.

Ciwon ajalinta ya faro daga karamci. Iya, ganin baƙuwa ce mai daraja, ta lulluɓe ta da sabon mayafinta, ta yi mata turaren wuta, alhali tana kunne cikin zafin Mayu. Mai gyara a Wad Madani ya wanke mata ciki tas, ya ce ta warke. Ta farka ba ta shaida kowa ba, har tana tambayata kalmar sirri, wadda telan kaɗai ya sani. Kwana uku bayan nan ta cika.

Ta bar linzami ɗaya, madannai masu ƙura, da ni, cikin kaɗaici.

Za a ɗora ta bisa kwaba bayan la'asar, cikin mayafin nan, tunda Iya ta ce ta bar mata shi. Masu ta'aziyya su same ni a hawasha, inda nake kullum. Waɗanda ya kamata a sanar suna Kerala, kuma ko sunana ba su sani ba.