Ranar da Na Tara wa Surukata Gari

Ko na manta da komai na ƙuruciyata, ba zan taɓa mantawa da safiyar da ƙaryata ta kore ni da gudu ba. A wani ƙauyenmu na Hausawa ne kusa da garin Hasahisa, can ƙasashen gabas, farkon shekarun sittin. Shekarata biyu kacal da isowa daga ƙasar Sakkwato, ina tsinkar auduga a gonakin mutane, kuma Allah ya hore mini baki (ƙarfin aiki kam sai a hankali).

Lokacin sanyi, da asuba, wani farin hazo kan taso daga tur'a, babbar magudanar da ke shayar da gonaki, ya rufe ƙauyen har ba ka ganin wanda ke gabanka. To ni, don in ba 'yan tsinka dariya, musamman wata Rabi da nake so, sai na ƙera wata halitta na sa mata suna Uwar Hazo. Na ce ƙasarta tana can cikin hazon, rana na fitowa ƙofar ta rufe. Baƙa ce, gashi buzu-buzu, ba ta da ƙafa, hayaƙi na fita daga jikinta, kuma kafin ta kama mutum sai ya ji wani ƙamshi mai daɗi. Ban tsaya nan ba. Na ce mun taɓa yin kokawa da ita, na kayar da ita. Kullum ina ƙara gishiri, har na fara waiwaye in na fita da asuba.

Da maganar aurena da Rabi ta kankama, mahaifinta Baba Audu ya ce in zo bayan sallar asuba in taya shi buɗe ruwa a gonarsa. Kowa ya san gwaji ne. Akwai wani mai neman nata, direban lori, ni kuwa ba ni da komai sai surutu. In na faɗi a wannan, shi ke nan.

Don kada in makara, na yanke ta bayan gidansu, inda dangar kara ta ɗan faɗi. Hazo ya yi kauri. Sai na ji ƙamshi. Na tsaya cak. Can a lungun danga ga wani abu baƙi a zaune, tuli guda, gashi buzu-buzu, ba ƙafa, hayaƙi na tsattsafowa ta ko'ina. Na ce wa kaina, kai fa ka ƙirƙire ta. Duk da haka na fara ja da baya.

Sai abin ya juyo da kai ya ce, "Wane ne nan? Kai, ɗan Sakkwato?"

Wayyo Allah! Ta ma san ni! Ihun da na kurma, an ce har masu jakai a kan hanya sun ji. "Jama'a, Uwar Hazo! Ta shigo gidan Baba Audu!" Na jefar da fartanya na zura da gudu, ban tsaya ba sai cikin tur'a, ruwa har wuya.

Maza suka fito da sanduna, Baba Audu a gaba, suka yi bayan gidan. Abin da suka tarar: Inna Hajo, mahaifiyar Rabi, zaune a bakin ramin turare, ta lulluɓa da baƙin bargon gashin akuya, tana shan hayaƙin wani ice mai ƙamshi da ake kira ɗalha saboda ciwon gwiwa. Matan ƙasar nan duk suna yi, duhan suke kiransa, kuma namiji ba ya leƙawa. Ni gwauro baƙo ina na taɓa gani? Ga shi na tara wa baiwar Allah rabin gari, ita ba halin ta miƙe, don ba komai a jikinta sai bargon.

"Ku ba ni wuri, marasa kunya!" in ji ta. Maza suka watse, kowa kansa a ƙasa.

Aka tsamo ni ina rawar ɗari. Wani tsoho ya dube ni ya ce, "Ya zol," wato bawan Allah a yaren ƙasar, "ba kai ne ka kayar da ita ba?" Wallahi na so ƙasa ta buɗe in shige. Ruwan gonar ma sai direban lorin ne ya taya buɗewa.

Kwana uku ban fita ba. Na riga na haɗa 'yan kayana zan gudu garin Sinnar sai aka aiko kirana daga gidan su Rabi. Na durƙusa a zaure ina ta "Baba, a yi mini afuwa." Baba Audu ya ce shi kam ya gama da ni, matsoraci kuma maƙaryaci. Sai muryar Inna ta fito daga bayan labule.

"Malam, a ba shi. Wanda ya ji tsorona har ya faɗa tur'a, ba shi taɓa wulaƙanta ɗiyata."

Haka na samu Rabi, jama'a, da tsoro tsagwaronsa. Inna Hajo ta yi shekara ashirin da wani abu tana surukata, kuma ta yi gaskiya, ko tari ta yi sai na gyara zama. Abin da na koya shi ne, in za ka ƙera dodo, ka fara zagaya gari ka tabbata bai yi kama da kowa a gidan da kake neman aure ba.