Rasuwar Zabiya, Mesar Kawu Mai Iska

Da zuciya mai nauyi, cike da baƙin ciki, iyalan Kawu Mai Iska ke sanar da rasuwar Zabiya, mesar robar nan mai zobe-zobe da yake wulwulawa a saman kansa tana waƙa. Ta cika ranar Talata da hantsi, bayan shekara goma sha tara a hannunsa.

Marigayiya ba 'yar gata ba ce. A bayan tsohon injin wanki ta taso, tana zubar da ruwan sabulu, har ranar da Kawu ya kaɗa ta don ta bushe, sai ta ce "wuuu". Murya biyar gare ta. In an juya ta a hankali ta yi gunaguni, in an ƙara ƙarfi ta ce "wiii", har 'yan kallo su ƙanƙame juna. A ƙungiyar wasan kwaikwayon su Kawu ita ce guguwa, ita ce fatalwa. Kawu kuwa, Allah sarki, ko jimla ɗaya ba ya iya haddacewa. Albarkacinta kaɗai ake ajiye masa kujera a bayan labule.

Ciwon ajali ya fara da 'yar tsaga a wuya. Surukin Kawu mai gyaran famfo, wai shi taimako, ya yanke taƙi guda ya naɗe sauran da salatif. Shi ke nan! Murya biyar ta koma biyu, biyun ma kamar akuya mai mura. Kawu ya zaga shaguna ya sayo sababbi uku, ashe cikinsu sumul yake, mesa kuwa ba ta waƙa sai zoben ya kai har ciki. Ya wulwula har kafaɗarsa ta sage, ko tari ba su yi ba.

Ta rasu ta bar Kawu, da ƙusar da ake rataye ta, da muryarta da daraktan ƙungiyar ya naɗa a waya bara. Wallahi wannan magajiyar ce ta fi ci wa Kawu rai, don ba ta gajiya, ba ta kuma neman kujera.

Za a yi jana'iza ranar Asabar da ƙarfe huɗu a bayan gida, kusa da injin wankin. An ɗauke wa 'yan ƙungiya halarta, domin a daidai lokacin suke da wasa. Darakta ya aiko da ta'aziyya. Ya ce guguwa za ta taso a kan lokaci, kada Kawu ya wahalar da kansa zuwa.